Rumbun Arewa da Hannun da Ke Riƙe da Shi

Tun kafin Nasara ya kafa bariki a Dogon Dutsi, mutanen ƙasar Arewa ta Nijar sun san cewa noma ba ya ƙarewa ranar girbi. Daga Matankari zuwa Tibiri, duk faɗin kwarin Dallol Mawri, damina wata uku ce zuwa huɗu, ci kuwa na wata goma sha biyu ne, kuma rumbu ne ke cike wannan tazarar. Ana ɗora shi bisa duwatsu don kada danshi da gara su kai gare shi, a kewaye shi da zana ko a gina shi da laka, a kifa masa jinka. Ba a sussuke hatsi kafin a zuba. Da zangarniyarsa ake jera shi, dami bisa dami, iska na ratsawa, ƙaiƙayi na kare ƙwaya daga ƙwari, har ya shekara biyu ko uku bai lalace ba. Wake kuwa, da yake shi ne ƙwari suka fi so, sai a cuɗe shi da toka ko rairayi a liƙe bakin tukunya. Amma ƙarfin rumbu bai tsaya ga gini ba. Yana ga dokar da ke kansa: rumbun gandu na maigida ne, ba ya buɗe shi don kwaɗayi, yana tsiminsa har lokacin da aikin gona ya yi tsanani, mata da samari kuma suna da nasu na gamana. Tarihin yunwa a Arewa, in an duba da kyau, tarihi ne na yadda aka riƙa ƙwace wannan iko daga hannun manomi.

A shekarar 1899 rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine ta ratsa ƙasar tana ƙone garuruwa, ta gwabza da Sarauniya Mangu a Lugu. Rundunar da ke ci daga abin da ta ƙwata, rumbu take fara nema. Abin da ya biyo baya ya fi wuta ɓarna, domin a hankali ya zo. Faransa ta ɗora haraji da kuɗi, ana karɓarsa bayan kaka, daidai lokacin da hatsi ya fi arha. Manomi ya fitar da damman da ya kamata su kwana a rumbu ya sayar, damina ta dawo ya sayo su da tsada, ko ya ci bashi. Da fari da fara suka haɗu, yunwar 1931 ta auka wa yammacin Nijar, ba a sassauta haraji ba sai da mutane suka mutu da yawa, wasu suka tsallaka Najeriya. Masanin tarihi Finn Fuglestad, da ya bi diddigin wannan yunwa, ya ɗora babban kaso na laifin kan mulkin mallaka. Maganin da hukuma ta kawo shi ne rumbunan ajiya na tilas: kowane gida ya kai hatsinsa, ba ya taɓa shi sai da izinin kwamanda. Talakawa sun tsani abin, kuma suna da gaskiya, don an ɗauki dabararsu an cire mata ruhi.

Mai ja zai ce rumbu bai hana yunwar 1914 ba, bai hana ta 1973 da ta 1984 ba. Haka ne. Babu rumbun da ke jure fari shekara bayan shekara, shi ya sa kafa hukumar OPVN a 1970 don ajiyar ƙasa ya zama dole. Sai dai ajiyar gwamnati tana isowa ne bayan an yi kuka, ta gida kuwa tana nan tun kafin yaro ya ji yunwa. Wani zai ƙara da cewa zamani ya wuce rumbu, tun da lambu ya bunƙasa. Dankalin turawan da ake nomawa a bakin Tapkin Saw ba ya kwana a zana, rumman ma, duk da kaurin ɓawonsa, sai ya sami sanyin digiri 5 zuwa 7 kafin ya wuce wata biyu da lafiyarsa. Wannan ma gaskiya ne, amma ciwon bai sake ba: mai lambun da ba shi da wurin ajiya dole ya zubar da kayansa a kasuwa ranar da kowa ya kawo nasa.

Sababbin dabarun da suka karɓu su ne waɗanda suka bar amfanin gona a hannun mai shi. Buhun PICS mai ruɓi uku, da aka fara yaɗawa a 2007, yana kashe ƙwarin wake ba tare da magani ba, kuma a ɗakin manomi yake zama. Tsarin jinginar da hatsi a sito a karɓi rance, a fanshe shi idan farashi ya tashi, ya toshe ƙofar da haraji ya buɗe tun zamanin Nasara. Hukumomin Dogon Dutsi, Tibiri, Gecheme da Kore Mairuwa, duk sito ko ɗakin sanyin da za ku gina, ku miƙa makullinsa ga ƙungiyoyin manoma.