Ghuddwa: Zango a Kan Hanyar Fazzan

Masu rubuta tarihin cinikin Sahara sun saba tsayawa kan manyan birane: Tarabulus, Murzuk, Kukawa, Kano. Ra'ayina shi ne wannan kallo ya tauye ƙananan zanguna irin su Ghuddwa, alhali ba don su ba da ayari bai kai ko'ina ba.

Ghuddwa ƙaramin dausayi ne a yankin Fazzan na ƙasar Libiya, a kudancin Sabha, kusan rabin hanya tsakanin Sabha da Murzuk. Shekara takan wuce a wannan yanki ba a ga ruwan sama na kirki ba. Abin da ke riƙe da dabino da mutane shi ne tsohon ruwan da ke kwance a ƙarƙashin ƙasa tun zamanin da Sahara ke da damina. Raƙumi mai kaya yakan ci kilomita 30 zuwa 40 a yini, don haka madugun da ya taso daga Sabha sai ya lissafa inda zai cika salkuna, ya sayi dabino, ya duba ƙafafun dabbobinsa kafin ya ci gaba. Rijiya ce ta kafa ƙauyen, hanya kuma ta ba shi daraja.

Wannan hanya ba baƙuwa ba ce ga ƙasar Hausa. A ƙarni na 13 ikon Kanem ya kai har Fazzan, wakilinta yana zaune a Taragin. Daga baya gidan sarautar Awlad Muhammad ya riƙe Murzuk, kuma idan rundunar Tarabulus ta matsa musu, Katsina suke gudu. Turkuɗin Kano da jan fata sun bi ta Fazzan zuwa arewa. Bayi ma sun bi, a ƙasa, cikin ƙishirwa, kuma bai kamata a ambaci ribar fatake a tsallake wannan ba. Zuriyar waɗanda suka tsira suna nan a Fazzan har yau.

Da cinikin raƙuma ya mutu a farkon ƙarni na 20, wurin bai rasa muhimmancinsa ba. A farkon 2019 dakarun kwamandan yaƙin Libiya Khalifa Haftar sai da suka gwabza faɗa a Ghuddwa kafin su nufi Murzuk, domin wanda ya riƙe Ghuddwa ya riƙe ƙofar kudu, inda motocin da suka fito daga Agadas ke bi ɗauke da matafiya.