Yini Ɗaya a Ƙasar Khmer: Kasuwa, Amalanke da Tafki

 Wannan makon za mu yi nisan kiwo, mu leƙa Kambodiya, ƙasar da ke kudu maso gabashin Asiya, tsakanin Tailan da Lawos da Biyetnam. Mafi yawan mutanenta ana kiran su Khmer, kuma galibinsu mabiya addinin Buddha ne.

A garin Siem Reap, can arewa maso yammacin ƙasar, akwai 'yan jagora da sana'arsu ke nan: su ɗauki baƙo tun asuba, su zagaya da shi tsoffin gine-gine da ƙauyuka da bakin tafki, su mayar da shi masauki da magariba. Baƙo dai hoto ya je ɗauka. Mu kuwa za mu bi sawun wannan zagaye da tambaya guda: sarakuna sun zo sun wuce sama da shekara dubu, to me ya riƙe talakan ƙasar nan har yau?

Da duku-duku ɗan jagora yakan iso da abin hawansu, babur mai jan ɗan keke mai rumfa. Tafiyar kamar kilomita 6 ce zuwa Angkor Wat, ginin da hotonsa ke jikin tutar ƙasar. Daular Khmer ta kafu a shekara ta 802, amma wannan gini sai zamanin Sarki Suryavarman na Biyu, wanda ya hau mulki a 1113. An gina shi ne don bautar Vishnu na addinin Hindu, daga baya ya koma hannun 'yan Buddha. Dutse ne zalla, an kewaye shi da makeken rami cike da ruwa, faɗinsa kusan mita 190. Nan baƙi ke cincirindo suna jiran fitowar rana.

Da hantsi sai a matsa gaba kaɗan zuwa Bayon, wanda Sarki Jayavarman na Bakwai ya gina bayan ya hau gado a 1181. Masu ziyara sukan ɗaga kai suna kallon manyan fuskokin da aka sassaƙa a saman hasumiyoyi. Ku sunkuyar da naku kan ku dubi bangon waje. A can masassaƙa suka zana yaƙin da aka gwabza da mutanen Cham a kan ruwa, a ƙarƙashin mayaƙan kuma suka zana rayuwar gari. Ga mata a kasuwa suna sayar da kifi, ga masu girki, ga 'yan caca sun kewaye zakaru biyu, ga mace tana naƙuda. Ga kuma amalanke, shanu biyu na jan ta. Idan kuka fita ƙauyukan da ke kusa, har yanzu za ku iya cin karo da amalanken katako mai irin wannan ƙira, bayan shekara 800.

Shi wannan sarki bai manta da matafiya ba. Rubutun da ya bari a kan duwatsu ya lissafa asibitoci 102 da masaukai 121 a bakin manyan hanyoyin daular. Duk wanda kakansa ya yi fatauci ya san darajar zango: inda babu wurin sauke kaya da shayar da dabba, ayari ba ya bi.

Muna da shaidar wani wanda ya ga kasuwar da idonsa. Zhou Daguan, ɗan ƙasar Sin, ya zo cikin tawagar jakadanci a 1296, ya zauna kusan shekara guda, ya koma gida ya rubuta abin da ya gani. A cewarsa, ciniki a hannun mata yake, har Sinawan da suka zo neman arziki sukan fara da auren 'yar gari don ta riƙe musu kasuwa. Kasuwa kan ci daga sassafe zuwa tsakar rana. Babu shaguna, tabarma ake shimfiɗawa a ƙasa, kowa da wurinsa, ana kuma biyan hukuma kuɗin wuri. Ƙaramin ciniki da shinkafa ko hatsi ake yi, matsakaici da tufa, babba da zinariya ko azurfa. Ku ce wannan ba kasuwar ƙauyenku ba ce? Makiyaya kuma ga naku: ya ce shanu suna da yawa, amalanke suke ja, idan sun mutu ba a cin namansu, ba a feɗe fatarsu, saboda sun yi wa ɗan'adam wahala.

Da rana ta take, akan bi ta ƙauyuka. Gidajen katako ne a kan dogayen turaku, dabbobi da amalanke na ƙarƙashi a inuwa. Za ku ga wata bishiya ku rantse giginya ce, kuma 'yar'uwarta ce ta jini. Maza kan hau su taro ruwan furenta, mata su dafa shi a manyan kasake har ya zama sukari, kamar yadda ake mazarƙwaila, su jera a bakin hanya suna sayarwa.

Yamma da tsohon birnin akwai wani tafki da hannu ya gina a ƙarni na 11, tsawonsa kilomita 8, faɗinsa 2, kuma har gobe yana riƙe ruwa. Da irin waɗannan tafkuna da magudanan ruwa birnin ya yi ta sarrafa damina da rani. Amma binciken da masana suka yi a jikin tsoffin itatuwa ya nuna an yi fari mai tsawo a ƙarni na 14 da farkon na 15, tsakaninsu kuma ruwa kamar da bakin ƙwarya, magudanan suka lalace. A 1431 dakarun Ayutthaya, daga ƙasar da yau ake kira Tailan, suka ci birnin. Fada ta koma kudu wajen Phnom Penh, inda koguna suka haɗu kuma jiragen fatake ke isowa daga teku. Sarauta ta bi kasuwa ke nan. Manoma kuwa suka ci gaba da shuka shinkafarsu a gindin gine-ginen.

Da la'asar sai a gangara kudu zuwa Tonle Sap, tafkin da ke ciyar da ƙasar. Mutanen bakin Tafkin Chadi sun san ruwa mai zuwa da komawa, amma wannan nasa da ban mamaki. Da damina kogin Mekong kan cika har ya tura ruwa baya, kogin da ke fita daga tafkin ya juya ya riƙa shiga cikinsa, tafkin ya ninka girmansa sau huɗu ko biyar. Shi ya sa a ƙauyen Kampong Phluk gidaje ke kan turaku masu tsawon mita 6 ko fiye: da rani a hau da tsani, da damina a isa ƙofa da kwale-kwale. Idan ruwa ya fara janyewa sai ƙananan kifi su yi ta kwarara. Ana cuɗa su da gishiri a adana a tuluna su zama prahok, wanda matsayinsa a tukunyarsu kamar na daddawa ne a tamu. Tun kaka da kakanni manoma kan ɗoro shinkafa a amalanke su zo bakin ruwa su musanya da kifi, ba ni gishiri in ba ka manda. Manomi na buƙatar masunci, masunci na buƙatar manomi, kamar nono da hatsi a wurinmu.

A hanyar komawa gari wasu 'yan jagora kan tsaya a Wat Thmey, wurin ibada inda aka tara ƙoƙunan kawuna da ƙasusuwa cikin gilashi. Labarin ba na da can ba ne. Ranar 17 ga Afrilu 1975 'yan tawayen gurguzu da ake kira Khmer Rouge, ƙarƙashin Pol Pot, suka kama Phnom Penh. Suka kori mutanen birane zuwa karkara, suka soke kuɗi, suka rufe kasuwanni, suka ce babu mai gona, babu mai saniya, komai na hukuma ne. Abinci ma sai a rumfar gayya, a auna wa mutum ruwan shinkafa. Sun yi tinƙaho da cewa jikokin waɗanda suka gina Angkor ba abin da zai gagare su, suka sa jama'a haƙa magudanan ruwa da hannu, suka ɗora wa kowace hekta tan 3 na shinkafa. Sun kwaikwayi tafkunan sarakuna, sun manta da matan nan masu tabarma a ƙasan bango.

Cikin ƙasa da shekara huɗu, mutum tsakanin miliyan ɗaya da rabi zuwa miliyan biyu suka mutu, a ƙasar da ba ta wuce miliyan 8 ba. Wasu kisa, wasu yunwa, wasu ciwo da aikin tilas. Musulmin Cham sun sha da kyar: an rusa masallatai, an hana salla, an tilasta wa wasu cin naman alade. A 2018 kotu ta musamman da Majalisar Ɗinkin Duniya ta mara wa baya ta yanke cewa abin da aka yi musu kisan ƙare-dangi ne.

Sojojin Biyetnam sun kori gwamnatin ranar 7 ga Janairu 1979. Kun san abin da ya fara farfaɗowa? Kasuwa. Babu takardar kuɗi a ƙasar sai a 1980, don haka gwangwanin shinkafa ya zama kuɗi, zinariya ta manyan ciniki, daidai yadda Zhou Daguan ya tarar kusan shekara 700 baya. Mutane suka riƙa taka keke zuwa iyakar Tailan, ta cikin daji mai nakiyoyi, su dawo da sabulu da magani da yadi. Kasuwa a kai miki dole.

Ita ma iyakar da tata rigimar. Faransa ta mallaki Kambodiya daga 1863 zuwa 1953, ita ɗin dai da ta mallaki Nijar da Chadi. Siem Reap kanta tana hannun Tailan sai a 1907 ta dawo, kuma taswirar da Faransawa suka zana a lokacin ita ce tushen jayayya kan wurin ibada na Preah Vihear. Kotun Duniya ta ba Kambodiya shi a 1962, duk da haka an yi musayar wuta tsakanin 2008 da 2011, aka kuma sake a 2025, har aka rufe mashigai irin su Poipet. Wanda ya kwana da kaya a bakin iyakar Nijar da Najeriya a 2019 ko 2023 ba sai an gaya masa wa ke fara jin jiki ba: mai tura kura, mai ɗan tebur, da mai bashin dillali a wuyansa.

Da magariba ɗan jagora kan sauke baƙonsa a tsohuwar kasuwar Siem Reap. Har yanzu mata ne a kan kifi da kayan miya, suna awo suna ƙirga canji. Sarakunan da suka gina Angkor sun bar duwatsu, Pol Pot ya bar ƙasusuwa, su kuwa waɗannan mata gobe da asuba za su sake shimfiɗa kayansu. Don haka duk mai iko da ya tashi rufe kasuwa, ko toshe burtali, ko datse hanya, yana da kyau ya fara jin labarin Kambodiya.

Allah Ya ba mu zaman lafiya, Ya tsare mana dukiya da hanya.