Yadda zafi da sanyi ke sauya halin roba

Galibin abubuwa, kamar ƙarfe, miƙewa suke yi idan suka ji zafi. Robar ɗaure kuɗi kuwa ta saɓa wa wannan ƙa'ida. Idan aka rataya mata wani abu mai nauyi har ta miƙe, sannan aka hura mata iska mai zafi, sai ta tsuke ta ɗaga nauyin sama.

Wanda ya fara bayyana wannan hali shi ne John Gough, wani makahon masanin kimiyya ɗan Ingila, a farkon ƙarni na 19. Da leɓensa ya ji cewa roba tana yin ɗumi idan aka ja ta farat ɗaya. A shekarun 1850 James Joule ya tabbatar da binciken ta hanyar awo, shi ya sa ake kiran lamarin da sunayensu su biyu.

Dalilin yana cikin ƙirar robar ne. Ta ƙunshi dogayen ƙwayoyin sinadari masu kama da zare, waɗanda suke a cukurkuɗe. Idan aka ja ta, sai zaren su miƙe su jeru. Zafi kuma yana ƙara musu motsi, kuma gwargwadon motsinsu, gwargwadon ƙarfin da suke jan juna don komawa yadda suke tun farko.

Wannan dai zafi ne na ɗan lokaci. Idan roba ta daɗe a rana, iskar oksijin da haske kan lalata ta, ta yi danƙo ko ta bushe ta tsinke. Kafin Charles Goodyear ya gano dabarar dafa roba da farar wuta a 1839, kayan roba kan narke da bazara su sandare da hunturu.

Sanyi ne ya fi haɗari, domin yana rage motsin ƙwayoyin, robar ta yi tauri, kuma idan aka matse ta ba ta saurin komawa siffarta.

Hakan ya taka rawa a hatsarin kumbon Challenger na Amurka ranar 28 ga watan Janairun 1986. An harba kumbon ne daga jihar Florida cikin matsanancin sanyi, kuma zoben roba da ke toshe mahaɗar ɗaya daga cikin rokokinsa ya kasa riƙe iskar gas mai zafi. Kumbon ya tarwatse bayan daƙiƙa 73, 'yan sama jannati bakwai suka rasu.

Zoben na robar masana'anta ne, ba irin ta ɗaure kuɗi ba, amma illar sanyin ɗaya ce. A zaman kwamitin bincike, masanin kimiyya Richard Feynman ya matse wani yanki na robar ya tsoma a ruwan ƙanƙara a gaban kyamarorin talabijin. Da ya sake shi, sai ya daɗe bai koma yadda yake ba.