Duwatsun Niƙan da Aka Daɓe Zaure da Su a Sant Albans

A Ingila ta ƙarni na 13 da na 14, manomin da ke zaune a ƙasar ubangida ba shi da ikon niƙa hatsinsa inda ya ga dama. Dole ya kai shi injin niƙa na ubangidan, wanda ruwa ke juyawa, a ɗebi kaso a matsayin lada. A wasu sassan arewacin ƙasar, mudu ɗaya ake cirewa cikin 13. Wanda aka kama yana niƙa a gida, tara ce, a kuma ƙwace dutsen niƙansa.

Babu inda wannan doka ta yi zafi kamar garin Sant Albans, arewa da Landan, inda ubangidan gari gidan sufayen Kirista ne. Tun 1274 mutanen garin suke jayayya da sufayen kan injinan. Talaka yana da dutse a ɗakinsa, matarsa ta iya niƙa, amma sai ya ɗauki buhu ya je ya bi layi, ya dawo da garin da aka rage. Wannan zalunci ne, ko da doka ta goya masa baya.

A 1331 shugaban gidan, Richard na Wallingford, ya ci nasara a shari'a. Malami ne na gaske, shi ya ƙera wani shahararren agogo mai nuna tafiyar rana da wata. Amma abin da ya yi da duwatsun mutane ya fi tsaya mini a rai: ya sa aka tattara su, aka daɓe wani zaure na gidan da su, sufaye suna takawa kullum.

Shekara 50 mutanen garin ba su manta ba. Da tawayen manoma ya ɓarke a 1381, suka kutsa gidan ƙarƙashin jagorancin William Grindcobbe, suka fasa daɓen, suka farfasa duwatsun, kowa ya karɓi ɓari ya kai gida. Thomas Walsingham, sufin gidan da ya rubuta tarihin, ya kwatanta rabon da na gurasa mai tsarki a coci. Shugaban gidan na lokacin, Thomas de la Mare, ya ba su takardar 'yanci bisa tilas.

Ba ta daɗe ba. A watan Yulin shekarar Sarki Richard na Biyu ya iso garin, aka soke takardar, aka rataye Grindcobbe tare da wasu abokan tafiyarsa.