Zango da Maigida: Abin da Fataucin Gwanja Ya Koyar Game da Zama da Baƙo

Duk lokacin da rikici ya ɓarke tsakanin ƙabilu biyu, abin da aka saba ji daga bakin manya shi ne a ƙaunaci juna, a yi haƙuri, a zauna lafiya. Kiran ba shi da aibi, amma da wuya a samu inda shi kaɗai ya haɗa mutanen da harshensu da addininsu da abincinsu suka sha bamban. Inda aka ga irin waɗannan mutane sun daɗe suna hulɗa, idan aka tona za a tarar da wasu a tsakani waɗanda sana'arsu ke nan, waɗanda abincinsu ya rataya a kan kowane ɓangare ya gane ɗan'uwansa. Fataucin goro tsakanin ƙasar Hausa da Gwanja, a arewacin Ghana ta yau, hujja ce babba a kan haka, domin ya ɗauki ƙarnuka yana haɗa Bahaushe Musulmi da mutumin Asante mai bin addinin kakanninsa, ba tare da ɗayansu ya zama ɗayan ba.

Hanyar daɗaɗɗiya ce. Tarihin Kano da aka rubuta da Larabci ya ambaci buɗe hanyar Gwanja tun ƙarni na 15, kuma Wangarawa sun riga Hausawa sanin ta. A ƙarni na 19 ne ta cika ta tumbatsa, lokacin da Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari suka riƙe ragamarta. Goro ba ya yi a ƙasar Hausa, sai a kurmi irin na Asante, ga shi kuwa ba a ɗaura aure ko a raɗa suna ba tare da shi ba. Ayari kan tashi daga Kano ko Katsina ko Jega da jakuna ɗauke da kanwa, da turkuɗi, da jima, da gabu, ya ƙetare Kwara ta wajen Yawuri, ya ratsa Bargu da Dagomba, ya sauka a Salaga. Tafiyar ta haura kilomita 1,000, kuma zuwa da dawowa kan ci rabin shekara ko fiye. A kowane mataki akwai sarkin da za a biya fito, da harshen da yawancin 'yan ayari ba sa ji. Saboda haka ba ƙarfin dantse ake dubawa wajen zaɓen madugu ba. Ana neman wanda ya san yadda ake gaida sarkin Nikki, da abin da ba a yi a Yendi, da wanda za a fara kai wa gaisuwa a kowane gari. Madugun da ya yi kuskure ɗaya a fada, dukiyar ɗaruruwan mutane ya jefa cikin haɗari.

A Salaga ne tsarin ya fi fitowa fili. Sarakunan Gwanja masu iko da yankin na zaune a Kpembe, kusa da garin, Salaga kuma ta zama garin baƙi, kowace al'umma da unguwarta. Sarakunan Asante, waɗanda suka mallaki Gwanja tun ƙarni na 18, ba su cika barin fatake su kutsa cikin kurmi ba, don haka a nan mai goro da mai kanwa ke haɗuwa. Wanda ke haɗa su shi ne maigida, ko fatoma: baƙon da ya daɗe har ya ji harshen gari, wataƙila ma ya yi aure a cikinsa. Shi ke saukar da falke, ya ba shi ɗaki da tuwo, ya adana masa kaya, ya sa dillalansa su nemo mai saye, ya yi tafinta a wajen ciniki. Mafi muhimmanci, shi ke tsayawa lamuni. Goro ba ya jira. Idan ba a yayyafa masa ruwa ana tsince ruɓaɓɓe daga huhu ba, sai ya lalace, don haka dole a yi ciniki da sauri, sau da yawa a kan bashi, tsakanin mutanen da ba su taɓa ganin juna ba. Idan mai saye ya gudu, wuyan maigida ake kamawa. Idan falke ya yi wa ɗan gari laifi, shi ake kira fada. La'adar da yake karɓa ladan wannan nauyi ne, kuma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Bukatarsa ta sa dole ya san al'adar kowane ɓangare fiye da yadda masu ita suka damu su san ta juna.

Tare da maigida akwai malami. Turawan Ingila biyu da suka ziyarci Kumasi, Thomas Bowdich a 1817 da Joseph Dupuis a 1820, sun tarar da Musulmi a fadar sarkin Asante, Osei Bonsu, suna rubuta masa wasiƙu da Larabci zuwa ga sarakunan arewa, suna kuma yi masa layu da ake ɗinkawa a jikin rigar yaƙi. Wasu daga cikin takardun wannan zamani suna ajiye a Copenhagen har yau. Sarkin bai musulunta ba, malaman kuma ba su bar salla ba, amma kowanne ya gane abin da ɗayan ke daraja, ya kuma san iyakar da ba a tsallakewa. An ga wannan iyaka a kan Osei Kwame, wani sarkin Asante da ya yi mulki kafin Osei Bonsu, wanda aka tuɓe daga sarauta, kuma cikin dalilan da aka bayar akwai karkatarsa ga Musulunci. Daga baya an samu Alhaji Umaru, haifaffen Kano, wanda ya zauna a Salaga sannan ya zama limamin Kete-Krachi har rasuwarsa a 1934. Ya rubuta littafin koyar da tsara wasiƙa, ya kuma rubuta wa Bajamushe Adam Mischlich bayanai da Hausa kan tarihi da al'adun ƙasashen da ya sani. Aikinsa ɗaya ne da na maigida, sai dai shi da alƙalami yake yi.

Mai ja zai ce wannan duk neman riba ne, kuma abin da riba ta haɗa ba a kiransa fahimta. Gaskiya ne falke bai bar gida don ya koyi al'adun Asante ba. To amma ribar ce ta sa sanin ya zama na dole kuma na kullum. Wanda ya koyi harshen wasu don sha'awa yana iya ajiyewa ranar da sha'awar ta gushe, wanda kuwa jarinsa ke hannunsu ba shi da wannan zaɓi. Kuma abin bai tsaya a kasuwa ba. Zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai: koko da ƙosai, da shinkafa da wake, da tuwon zafi, sun fita daga zango, wato unguwar baƙi, sun zama abincin kowa a Accra da Kumasi, Hausa ta zama harshen hulɗa tsakanin Dagomba da Mosi da Zabarmawa da Kotokoli mazauna zango, har ta zama harshen barikin soja da na 'yan sanda a zamanin Turawa. Tsarin ya kuma nuna ƙarko. Bayan Ingila ta ƙone Kumasi a 1874, kasuwa ta fara barin Salaga tana komawa Kintampo da Atebubu da Kete-Krachi, yaƙin basasar 1892 ya watsa Salaga, jirgin ruwa da jirgin ƙasa suka kashe ayari, amma masu gida da malamai suka ɗauki sana'arsu suka kafa sababbin zanguna. Alhassan Dantata, ɗan Agalawa daga Bebeji, da goron da yake bi da shi ta teku zuwa Ikko ya fara tara jarin da ya shiga cinikin gyaɗa da shi.

Ja na biyu ya fi nauyi: zango ai wariya ce, baƙi a gefe guda, 'yan gari a gefe guda, to ina haɗuwar? Amsar ita ce tazarar tana cikin dabarar. Da a ce an tilasta wa falke zama a tsakiyar gari, da kullum ana rigima a kan yanka, da giya, da jana'iza, da gado. Zango ya ba shi inda zai yi sallarsa, sarkin zango da limami su raba masa gardama bisa abin da ya sani, sannan a haɗu da ɗan gari a kasuwa da fada, wuraren da dokarsu ta fito sarari. Haka aka gani a unguwar Sabo ta Ibadan, wadda aka kafa a 1916, inda masu gida Hausawa ke tsayawa tsakanin masu shanu daga arewa da mahauta Yarabawa, ana ba da shanu bashi bisa amana kawai, kamar yadda Abner Cohen ya bayyana a bincikensa na 1969. Sai dai dole a yarda cewa wannan tazara tana da tsada. Jikan wanda ya zo tun zamanin ayari sai a ci gaba da kiransa baƙo. A watan Nuwamba na 1969 gwamnatin Busia ta ba baƙi marasa takarda mako biyu su bar Ghana, mutanen zango da yawa suka tattara zuwa ƙasashen da ba su taɓa gani ba. A 1983 Najeriya ta yi wa 'yan Ghana irin haka. Abin lura shi ne duka biyun gwamnatoci ne suka yi, masu aiki da fasfo da kan iyaka, waɗanda babu gurbin maigida a tsarinsu, babu wanda zai tashi ya ce wannan baƙona ne, ni na tsaya masa.

Akwai kuma tabon da ba a ɓoye shi. Salaga babbar kasuwar bayi ce, kuma masu gidan da suka ƙware wajen kare mutuncin falke su ne suka dillanci mutanen da aka kamo daga ƙasar Gurunsi da makwabtanta. Wannan ya nuna iyakar tsarin: yana kare wanda ke da abin sayarwa da wanda ya tsaya masa, ya bar wanda ba shi da kowa. Ba dalili ba ne na watsi da darasin, dalili ne na faɗaɗa shi, domin abin da ya raba falke da bawa a kasuwa ɗaya shi ne ɗaya yana da mai magana a madadinsa, ɗayan ba shi da shi.

Gadon yana nan da ransa. A 2017 Ghana ta kafa ma'aikatar kula da raya zanguna, a 2019 kuma babban limamin ƙasar, Sheikh Osman Nuhu Sharubutu, wanda ya tashi a zangon Accra, ya halarci bikin Ista a cocin Katolika ana gab da cikarsa shekara 100, ya fito yana limaminsa. Wanda ya gaji ƙarnukan shiga fadar wani ba tare da ya bar nasa ba shi ke iya haka. Garuruwanmu na yau cike suke da Sabon Gari da Tudun Wada da unguwannin Hausawa a kudu, kuma tarurrukan zaman lafiya ba su yi ƙaranci ba. Abin da ya yi ƙaranci shi ne mutanen da ke jin harsuna biyu, waɗanda kowane ɓangare ya amince da su, kuma waɗanda za su yi asara ta gaske idan aka ɓata. Duk garin da ke son baƙonsa da ɗan garinsa su fahimci juna, ya fara ƙidaya irin waɗannan mutane nawa yake da su, ya kuma duba ko yana ba su matsayin da za a saurare su kafin wuta ta tashi.