Lise: Daga Kurmin Atina Zuwa Dogondutsi

A Dogondutsi, ko Tibiri, ko Matankari, idan aka ce wa uba ɗansa ya ci birbe zai wuce lise, ba ya buƙatar tafinta. Ya san ma'anarta: yaro ya gama aji huɗu na koleji, saura uku ya zauna jarrabawar bak. Kalmar ta zauna a bakin Arawa kamar yadda lakwal da mushe suka zauna, har ba a jin baƙuntarta. Amma wanda ya ƙetara iyaka zuwa Kangiwa ko Argungu ya ce "ɗana yana lise", sai a tsaya ana kallonsa. A can sakandare suka sani. Dangi ɗaya ne, harshe ɗaya, amma sunan makarantar ya raba su, kuma dalilin rabuwar yana da tarihi mai tsawo.

Asalin kalmar sunan wuri ne. A gabashin ganuwar tsohon birnin Atina na ƙasar Girka akwai wani kurmi da ake kira Lukeyon, wanda aka keɓe wa abin bautarsu Apollo mai laƙabin Lukeyos. Masana sun yi saɓani a kan laƙabin. Wasu sun ce daga sunan kyarkeci ne a harshen Girkanci, wasu sun ce daga ƙasar Likiya ne, wasu kuma sun danganta shi da haske. Ko wanne ne daidai, wurin fili ne na motsa jiki da atisayen samari, da inuwar itatuwa da rumfunan da ake zagayawa. Masu son muhawara sukan je can tun zamanin Sukurat. A shekara ta 335 kafin haihuwar Annabi Isa, Aristo ya dawo Atina bayan ya koyar da Iskandar ɗan sarkin Masidoniya, ya kafa zaurensa a nan. Da yake shi ba haifaffen Atina ba ne, doka ba ta ba shi damar mallakar ƙasa ba, don haka a wurin jama'a ya riƙa karantarwa. Shekara goma sha biyu ya yi a haka. Da Iskandar ya mutu a 323, mutanen gari suka juya wa duk mai alaƙa da Masidoniya baya, Aristo ya bar birnin, ya rasu shekara guda bayan haka. Almajirinsa Tiyofrastus ya gaje shi.

Abin da ake yi a Lukeyon bai yi kama da lisenmu ba ko kaɗan. Babu aji, babu jarrabawa, babu takardar shaida. Tattara littattafai ake yi, da nazarin dabbobi da tsirrai, da kwatanta tsarin mulkin birane fiye da ɗari da hamsin. Ya fi kusa da zauren babban malami inda manyan almajirai suke zuwa da littattafansu. Wurin ya ci wuya a shekara ta 86 kafin Miladiyya, lokacin da janar ɗin Rum mai suna Sulla ya kewaye Atina ya sare itatuwansa don yin kayan yaƙi. Daga baya ƙasa ta binne shi, sai a 1996 masu tono suka gano kufansa a tsakiyar Atina ta yau.

To, ga inda labarin ya fi ba ni sha'awa. Ilimin Lukeyon ya riga sunan Lukeyon zuwa ƙasar Hausa da ɗaruruwan shekaru. Larabawa sun fassara littattafan Aristo a Bagadaza zamanin Abbasiyawa, suka kira shi Malami na Farko, suka kira Alfarabi Malami na Biyu. Mabiyansa kuwa suka ba su suna Mashsha'una, wato masu tafiya, fassarar laƙabin da Girkawa suka ba mutanen Lukeyon saboda rumfar zagayen nan. Ilimin manɗiƙi da malamanmu suke karantawa a zaure daga wannan tushe ya fito. Abdurrahman Al'ahdari, malamin Aljeriya na ƙarni na 16, wanda kowane almajiri ya san ɗan littafinsa na tsarki da salla da muke kira Ahalari, shi ne kuma ya wallafa Sullamul Munawraƙ, waƙen manɗiƙi da ya bi tsarin Isaguji. Shi kuma Isaguji sunansa ma Girkanci ne, gabatarwa ce ga manɗiƙin Aristo. Kafin haka Shehu Almagili, wanda ya zo Kano zamanin Muhammadu Rumfa a ƙarshen ƙarni na 15, ya yi musayar baitoci da Imam Suyuɗi na Masar: Suyuɗi yana haramta manɗiƙi, Almagili yana kare shi. Ke nan wanda ya ce duk abin da ya fito daga Girka kayan Nasara ne, sai ya fara duba buhun littattafan kakansa.

Sunan kuwa ta wata hanya ya biyo, hanyar Faransa. Bayan juyin juya halin 1789 an rushe tsofaffin makarantun coci, aka gwada wasu ba su ɗore ba. Ranar 1 ga Mayu 1802 Napoleon ya kafa dokar da ta ƙirƙiro lise, makarantar gwamnati ta kwana, ta maza zalla, ana tashi da ganga ana kwanciya da ganga, ɗalibai cikin kayan sarki kamar soja. Burinsa a fili yake: ya samu hafsoshi da ma'aikatan da za su riƙe masa ƙasa. A 1808 ya ƙara da jarrabawar bakaloriya, wadda muka gajarta zuwa bak. Da sarauta ta dawo a 1815 aka ƙi sunan saboda warin Napoleon, aka mayar da makarantun kolejin sarki, sai a 1848 sunan lise ya dawo. 'Yan mata kuwa sai da suka jira dokar Camille Sée ta 1880. Wasu ƙasashe ma sun ari kalmar. Turkawa suna cewa lise kamar mu, Italiyawa suna cewa liceo, a Rasha an buɗe wata a 1811 inda mawaƙi Pushkin ya yi karatu, a Landan kuma sunan gidan wasan kwaikwayo ne. Kurmi ɗaya, kowa da abin da ya sassaƙa daga cikinsa.

Yanzu me ya sa Dogondutsi ta faɗa rabon lise, Kangiwa ta faɗa rabon sakandare? Amsar tana cikin wata yarjejeniya da aka sa wa hannu a Paris ranar 14 ga Yuni 1898. Ingila da Faransa sun ɗora tsinken kamfas a kan Sakkwato, suka zana baka mai nisan mil 100, suka ce duk abin da ke ciki na Ingila ne. Dogondutsi tana ciki. Faransawa suka ga an bar su da hanya marar rijiyoyi tsakanin kogin Kwara da Damagaram, suka yi ta naci har aka gyara iyakar a 1904 da 1906, aka ja ta kudu. Da ba a yi wannan gyara ba, da wataƙila 'ya'yan sarakunan Arewa Kwalejin Katsina za a kai su, wadda aka buɗe a farkon shekarun 1920, kuma da yau ba wanda ya san kalmar lise a Dutsi. Ruwan sha na ayarin sojan Faransa ne ya zaɓa wa jikokinmu harshen da za su yi lissafi da shi.

Kada kuma a ɗauka Faransa ta zo da lise a hannu tana rabawa. A mafi yawan zamanin mulkin mallaka, abin da aka tanadar wa ɗan Nijar shi ne firamare, sai ƙalilan da aka tsamo aka tura makarantar William Ponty ta Senegal don su zama malamai da akawuna da mataimakan likita. Can Bubu Hama ya yi karatu, can Diori Hamani ya yi. Lise ta gaske, mai kai mutum jami'a, a Senegal take, kuma akasari ta 'ya'yan Turawa ce da 'yan birane huɗun nan da aka ba takardar zama 'yan Faransa. Nijar ta samu 'yanci a 1960 da masu bak da ba su taka kara sun karya ba, kuma jami'ar Yamai ba ta fara ba sai a farkon shekarun 1970. Abdu Mumuni, wanda jami'ar take ɗauke da sunansa tun 1992, ya rubuta littafi a 1964 kan ilimi a Afirka inda ya soki wannan tsari, ya kuma nemi a koyar da yara cikin harsunansu. Shi ya sa a kunnen tsofaffi kalmar "ɗan lise" take da nauyi. A da, wanda aka kira haka an riga an ga kwamanda ko likita a jikinsa.

Bayan 'yanci aka yi wani abu da ya cancanci a tsaya a kansa: aka bar kalmar Napoleon, aka liƙa mata sunayen mazajen ƙasa. A Yamai akwai Lise Isa Korombe, sunan jarumin Zabarmawa na ƙarni na 19. A Maraɗi akwai Lise Ɗan Baskore. A Damagaram akwai Lise Amadu Kuran Daga, sarkin da aka kashe Kyaftin Cazemajou a zamaninsa a 1898, shi ma Faransawa suka kashe shi a shekarar da ta biyo. A Doso kuwa, babban birnin jiharmu, akwai Lise Sarauniya Mangu. Sarauniyar Lugu ke nan, ta nan ƙasar Dankasari, wadda mutanenta suka tari ayarin Voulet da Chanoine da kibau a watan Afrilun 1899, 'yan makonni kafin ayarin ya yi ɓarnar da ya yi a Birnin Ƙonni. Abdullahi Mamani ya rubuta labarinta a 1980, Med Hondo ya mayar da shi fim a 1986. Duba allon ƙofar makarantar da kyau: rabin sunan na kurmin abin bautar Girkawa ne ta bakin sarkin yaƙin Faransa, rabin kuma na matar da ta ƙi miƙa wuya ga sojan Faransa. Wasu suna ganin wannan rikitarwa ce. Ni ina ganin tarihinmu ne aka rubuta ba tare da ɓoye komai ba.

Maganar ta sake tasowa yanzu. A Maris ɗin 2025 Nijar ta fice daga ƙungiyar ƙasashe masu amfani da Faransanci, kuma sabon kundin da aka ƙaddamar a watan ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, ya mayar da Faransanci da Ingilishi harsunan aiki. Kafin nan an riga an cire sunan De Gaulle daga wani babban titin Yamai aka sa na Djibo Bakary. Ba mamaki gobe wani ya miƙe ya ce a kori lise ita ma, a nemo mata suna na gida. Ban ga ribar hakan ba. Hausa ba ta taɓa jin kunyar aro ba: littafi da alƙalami da darasi daga Larabci suke, har allon da almajiri yake wankewa. Kalmar da talaka ya riga ya lanƙwasa ta dace da bakinsa ta zama tasa. Idan aka ƙirƙiro wata a ofis, a takarda za ta tsaya, mutane su ci gaba da cewa lise.

Abin da ya fi sunan damun iyaye a Arewa shi ne hanyar zuwa. Yaron da ya ci birbe a wani ƙauye na Dogonkiriya ko Sukukutan ko Gesheme, sau da yawa dole ya bar gida ya nemi mai masauki a gari, ya zo da ɗan buhun hatsinsa, ya yi wa masu gida aike da ɗiban ruwa kafin ya buɗe littafi. Idan shekara ta yi fari, buhun ba ya zuwa, karatun ya tsaya. Idan mace ce, iyaye da yawa ba sa yarda ta zauna gidan wani a gari tun farko, sai a ɗaura mata aure tana da takardar birbe a cikin akwati. Napoleon, duk da mugun nufinsa, ya gina wa lisensa ɗakin kwana da kicin, ya ware guraben karatu kyauta ga dubban yara. Mu mun karɓi sunan da jarrabawar da jerin azuzuwan da ake ƙirgawa daga sama zuwa ƙasa, ɗakin kwanan ne ya fi ƙaranci a wajenmu.

An mayar da Tibiri gunduma mai zaman kanta a 2011, an buɗe jami'a a Doso a 2014, kuma makarantun da suka haɗa koleji da lise a harabar guda sun fara isa manyan garuruwan karkara. Tazarar ta ragu idan aka kwatanta da zamanin da sai an je Yamai. Amma har yanzu yarinyar da aka haifa a Lugu, garin Sarauniya, ta fi yaron Yamai nisa da makarantar da ke ɗauke da sunan kakarta.