Bakolori: Su Wa Suka Biya Kuɗin Dam Ɗin?

Ranar Talatar da ta wuce muna zaune a ofis ana jiran a kawo wuta, sai hira ta kai mu ga maganar muhalli. Wani abokin aikina, mutumin kirki, ya ce da ni: "Malam, don Allah bar mu da wannan zancen. Kare muhalli ai maganar waɗanda suka ƙoshi ce. Mu da ke fama da kuɗin masara, ina ruwanmu da bishiya da tsuntsaye?" Kowa ya yi dariya, ni ma na taya su. Amma da na koma gida maganar ta ƙi barina, saboda na san wani tarihi da ya ƙaryata ta, kuma a ƙasarmu ya faru. Ku yi haƙuri, rubutun zai ɗan yi tsawo.

Bakolori nake nufi. Da yawa daga cikin matasanmu sun san sunan ne kawai a matsayin dam da ke kusa da Talata Mafara a Jihar Zamfara, inda ake noman shinkafa. Kaɗan ne suka san yadda aka yi aka gina shi, da abin da ya biyo baya.

A farkon shekarun 1970 abubuwa biyu suka haɗu. Fari mai tsanani ya afka wa yankin Sahel, ya fi ƙamari wajen 1972 zuwa 1974, amfanin gona ya lalace, dabbobi suka yi ta mutuwa. A daidai lokacin kuma farashin man fetur ya yi tashin gwauron zabo a 1973, kuɗi suka cika baitulmalin gwamnatin soja. Tunanin masu mulki a lokacin shi ne a tare manyan koguna, a yi noman rani na zamani, a noma alkama a gida a daina sayowa daga waje. Niyya ce mai kyau, ba na musun wannan. Da ita aka kafa Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima a 1973, da ita kuma aka gina dam ɗin Tiga a Kano.

Tun a 1969 hukumar abinci da aikin gona ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wato FAO, ta yi nazarin kwarin Gulbin Sakkwato, ta ba da shawarar a bi a hankali, a fara da ƙaramin aiki, kada a rusa tsarin noman da mutane suka saba da shi. Da kuɗin mai suka zo, sai aka ga ƙaramin aiki bai dace da mu ba. Aka ba kamfanin Impresit na ƙasar Italiya, mai alaƙa da Fiat, kwangila. Aka fara ginin a 1974, aka gama a 1978. Tafkin da aka tara na iya ɗaukar ruwa kimanin kubik mita miliyan 450, aka kuma tsara shayar da gonaki wajen hekta 23,000.

To a nan ne maganar take. Kafin a zo da katafila, wannan wuri ba daji ba ne. Akwai mutane, kuma kashi uku ne aikin ya taɓa.

Kashi na farko su ne na sama, waɗanda ruwan tafkin ya cinye garuruwansu da gonakinsu, musamman yankin Maradun. Sama da mutum 10,000 aka tayar. An raba su da fadama mai albarka, aka kai su kan tudu inda ƙasa ba ta kai wadda suka bari ba.

Kashi na biyu su ne waɗanda gonakinsu suka faɗa cikin filin noman ranin. Don a baje ƙasa a haƙa magudanan ruwa, sai da aka karɓe gonakin na tsawon damina fiye da ɗaya. Aka sare itatuwan da mutane ke ci daga jikinsu, aka share iyakokin gonakin da aka gada tun kakanni. Ka yi tunanin magidanci mai mata da 'ya'ya, an ce masa kada ya yi shuka bana, baɗi ma kada ya yi, ya jira diyya. Me zai ba su su ci? Da aka zo mayar da gonakin, rikici ya tashi kan wa ke da ina, kuma wasu da bashi ya ci ƙarfinsu sun sayar da nasu ga masu hannu da shuni daga birni.

Kashi na uku su ne waɗanda ba su ma shiga lissafi ba, wato mutanen da ke ƙasa da dam ɗin, a bin kogi har zuwa wajen Sakkwato. Rayuwarsu ta dogara ne da ambaliyar da kogi ke yi kowace damina. Ruwa ya malala cikin fadama, su noma shinkafa da dawa. In ya janye ya bar danshi, su yi lambu da rani. Masunta su kama kifi a tafkunan da ya bari, makiyaya su samu ciyawa. Da aka tare ruwan, ambaliyar ta ragu sosai. Wani masani ɗan Ingila, William Adams, ya bi waɗannan ƙauyuka ya wallafa bincikensa a 1985, inda ya nuna an yi asarar dubban hekta na shinkafa da na noman rani, manoma suka koma shuka gero, kifi ya yi ƙaranci. Su waɗannan ba wanda ya karɓe gonarsu a takarda, don haka ba su cikin jerin masu diyya. Ruwan kawai aka ɗauke masu.

Sai kuma doka ta zo ta ƙara wa abin nauyi. A watan Maris na 1978 gwamnatin Janar Obasanjo ta fitar da Dokar Amfani da Ƙasa, wadda ta danƙa ƙasa a hannun gwamna a matsayin amana. A ƙarƙashinta, in hukuma ta karɓi fili don amfanin jama'a, abin da ake biya shi ne abin da ke kan ƙasar, kamar gini da shuka da itatuwa. Ita kanta ƙasar da ta ciyar da gidanku shekara ɗari ba ta da farashi. Har gobe da wannan doka muke aiki.

Manoman Bakolori ba su fara da faɗa ba. Sun kai kuka wajen sarakuna, sun rubuta takardun koke, sun je kotu. Da abin ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, daga 1979 zuwa farkon 1980 suka fara tare hanyoyin shiga wurin aikin suna hana ma'aikatan kamfani wucewa. Lokacin an riga an koma mulkin farar hula: Alhaji Shehu Shagari ne shugaban ƙasa, Shehu Kangiwa ne gwamnan Jihar Sakkwato, wadda Zamfara ke cikinta kafin 1996. A ƙarshen watan Afrilu na 1980 aka tura 'yan sandan kwantar da tarzoma. Aka buɗe wuta, aka ƙona gidaje. Hukuma ta ce mutum ashirin da 'yan kai ne suka mutu. Waɗanda suka bi diddigin lamarin daga wajen gwamnati sun ce ɗaruruwa ne, kuma adadin da aka fi ambata shi ne 386. Malaman Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, irin su Dakta Yusufu Bala Usman da Bjorn Beckman, na cikin waɗanda suka hana a binne labarin. Allah Ya jiƙan waɗanda suka rasu.

Yanzu ina tambayar abokin aikina: waɗannan mutane ƙoshi ne ya fitar da su kan hanya? Ba su taɓa jin kalmar "kare muhalli" a wani taron bita ba. Abin da suka sani shi ne fadama, da kogi, da itacen ɗorawa, su ne rumbunsu. A wurin talaka muhalli da abinci abu ɗaya ne. Mai albashi irina, in kogi ya ƙafe, zai sayi shinkafar waje. Manomin fadama ba shi da wannan zaɓin.

Shekara biyu bayan Bakolori, a 1982, baƙaƙen fata a gundumar Warren ta Jihar Karolina ta Arewa a Amurka suka kwanta a kan titi don hana motocin da ke kawo ƙasa mai guba a zuba a unguwarsu. Daga wannan gwagwarmaya ne maganar adalci a harkar muhalli ta yi ƙarfi a duniya. Tambayarsu ita ce tambayar manoman Bakolori: wa ke cin riba, wa ke ɗaukar asara, kuma wa aka tambaya kafin a yanke hukunci?

Da a ce aikin ya cika alkawarinsa, da wani zai ce sadaukarwa ce aka yi don ƙasa. To ina alkamar? Babban ɓangaren filin an tsara shi ne da na'urorin feshin ruwa masu buƙatar lantarki da kayan gyara daga waje. Ba a je ko'ina ba suka lalace. Zuwa farkon shekarun 2000, abin da ake shayarwa bai kai rabin abin da aka tsara ba. Sai a 2014 aka samo rancen kusan dala miliyan 500 daga Bankin Duniya don gyara manyan ayyukan noman rani na Arewa, har da Bakolori. Gaskiya ne yau dubban iyalai na cin abinci daga wannan dam, kuma ba mai hankalin da zai ce a rushe shi. Amma waɗanda suka biya kuɗinsa da gonakinsu da rayukansu ba su ne aka fara tambaya ba, ba kuma su ne suka fara cin moriya ba.

Kada mu ɗauka abin ya wuce da 1980. Shekara 30 bayan nan, a jiha ɗaya, a ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum, likitocin ƙungiyar MSF suka gano a 2010 cewa yara na mutuwa da yawa a ƙauyuka irin su Dareta da 'Yargalma. Gubar dalma ce. Farashin zinare ya tashi a duniya, noma ba ya riƙe gida, sai mutane suka riƙa kawo duwatsun ma'adinai cikin gida ana dakawa ana niƙawa, ƙura na sauka inda yara ke rarrafe. Yara aƙalla 400 suka rasu. Garin Bagega sai da ya jira har 2013 kafin a saki kuɗin kwashe gurɓatacciyar ƙasarsa, bayan matasa sun yi ta matsa lamba a kafafen sada zumunta. Zinaren ya tafi birni da ƙasashen waje, gubar ta zauna a tsakar gida. Ku gaya mini, da a wata unguwar manya a Abuja yara goma kacal suka mutu haka, kwana nawa za a ɗauka?

Abin da ya sa wannan tarihi ke hana ni barci shi ne, ni ma'aikacin gwamnati ne. Ba ɗan sanda ne ya fara Bakolori ba. A kan tebur aka fara shi, hannun mutane irina, masu digiri, masu kyakkyawar niyya, waɗanda suka ja layi a taswira ba tare da sun taka ƙafa sun ga wa ke zaune a ƙarƙashin layin ba. Na taɓa riƙe fayil ɗin diyya na wani aiki. Sunaye ne a jere, kowane da adadin bishiyoyinsa da kuɗinsu. Babu sunan mace ko ɗaya, alhali na san su wa ke tsintar 'ya'yan itatuwan nan su yi daddawa su sayar. Babu makiyayi ko ɗaya, alhali burtali ya ratsa filin. Na lura, na yi shiru, na sa hannu na tura gaba, don oga na jira. Wallahi har yau abin na damuna.

Yau muna da abin da mutanen 1980 ba su da shi. Tun 1992 akwai dokar da ta wajabta a yi nazarin illar da babban aiki zai yi wa muhalli kafin a fara shi, a kuma ajiye rahoton a fili jama'a su gani su yi magana. Sau da yawa ana mayar da abin cika takarda kawai, saboda an san ba mai tambaya. To mu riƙa tambaya. In an zo garinku da maganar dam, ko titi, ko kamfanin haƙar ma'adinai, ku nemi ganin rahoton. Ku tambayi su wa ke cikin jerin diyya, su wa aka bari. Ku tambayi abin da zai sami mutanen da ke ƙasa da ku a bin kogi. Ku da kuka yi boko ku karanta wa iyayenku, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Mu kuma 'yan'uwana ma'aikata, kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Albashin da muke karɓa haƙƙin waɗannan mutane ne. Layi ɗaya da za ka ƙara a cikin fayil, ka ce akwai ƙauyuka uku da ba a ji ta bakinsu ba, yana iya jawo maka harara a ofis. Na fi son hararar a kan shirun da na yi wancan karon.

In akwai ɗan Mafara ko Maradun ko Bakura a cikinku da ya ji wannan labari daga bakin iyayensa, don Allah ya ba mu abin da ya ji. Su suka fi mu sani. Allah Ya ba mu ikon riƙe amana.